Yadda ake gina ƙwaryar tuna baya a labarin almara

A gidanmu na Tawa akwai wata tsohuwar akwatin ƙarfe da ba a cika buɗewa ba. Cikinta kaset ne sun fi goma, waɗanda kawuna ya riƙa aikowa daga Abijan shekarun da ya yi yana bida a can, kamar yadda samarin Adar da yawa suka yi. Kakata ba ta yi lakwal ba, kuma ba ta son mai karanta wasiƙa ya ji sirrin gidanta, shi ya sa aka koma wa kaset. In ɗan gari zai dawo gida sai a ba shi ya sako a aljihu. Bayan isha'i a sayo batir, a taru a tsakar gida, a ji muryar kawu yana gaishe da kowa da sunansa, har akuyar da ya bari. In zaren ya harɗe, ni ake ba bik in murɗa shi ya koma.

Daga wannan akwati na samo abin da na gina labarina a kansa, wato ƙwaryar tuna baya: ƙwarya ce da mutum ke zuba abin da ya taɓa gani a rayuwarsa, wani ya zo daga baya ya gan shi kamar shi ya faru da shi. Matasan da muke zaman shayi da su, masu sha'awar rubuta almara, sun sha tambayata yadda na tsara ta har ta zauna daram a labari. Ga yadda na yi, mataki bayan mataki. Amma tun da wuri in faɗa, ƙagen labari ne. Kada wani ya tafi kasuwar Tawa yana ɗaga ƙoren mutane yana leƙawa.

Mataki na farko: zaɓi mazubi daga abin da hannun mutanenka ya saba taɓawa

Kuskuren da na fi gani shi ne marubuci ya kalli finafinan ƙetare, sai ya ɗauko wani dutse mai walƙiya ya dasa shi a ƙauyen Buza ko Keita. Mai karatu zai gane baƙo ne tun daga ƙofa. Tambayar da za ka fara yi wa kanka ita ce: a ina mutanen labarina suke ajiye abin da suke tsoron rasawa? Hatsi a rumbu, ruwa a tulu, nono a ƙwarya, littafi a gafaka. Kowanne da halinsa, kuma halin nan zai bi shi cikin labarin. Rumbu ba ya tafiya, don haka ya dace da abin tunawar gari gaba ɗaya. Tulu in ya fashe ya fashe ke nan. Ni na zaɓi ƙwarya saboda ba ta da nauyi, kowane gida akwai ta, ana iya ɓoye ta cikin jeren amarya ba wanda zai kula, sannan in ta tsage ana ɗinke ta. Wannan na ƙarshe zai yi mana amfani can gaba.

Sai ka yanke girma. Kaset ɗin kawu minti 60 yake ɗauka, 30 a kowane gefe, kuma wannan iyaka ita ta sa yake zaɓen abin da zai faɗa. Haka ƙwaryarka. A labarina ƙoƙo yana ɗaukar abin da bai wuce tsawon shan fura ba, ƙwarya tana ɗaukar yini guda, masaki kuwa yana ɗaukar damina sukutum, amma sai mutum biyu suke iya ɗaga shi.

Mataki na biyu: san wanda yake yin ta

Abin da kowa zai iya yi a bayan ɗakinsa ba ya ba da mamaki. Fara da ainihin aikin ƙwarya kamar yadda ake yin sa: a shuka duma, a bar shi ya ƙosa ya bushe, a yanka shi biyu, a kwashe cikin da ƴaƴan, a jiƙa a kankare har ɗacin ya fita, a shanya, sannan mai zane ya ɗora wuƙarsa a wuta ya yi ado. Kan wannan gaskiyar za ka ɗora ƙaryarka, kuma kaɗan ta isa. Ni abu biyu kawai na ƙara. Dumar sai wadda ta yi yaɗo ƙarƙashin gawo, itacen da ke zubar da ganye da damina ya yi kore shar da rani, kamar mai tafiya baya-baya cikin shekara. Sannan a duk gindin duma ɗaya kaɗai ke yin aiki, kuma tsofaffin mata da na kira masu zubi su ne ke gane ta, ta hanyar kara ta a kunne. Sana'ar gado ce irin ta maƙera da wanzamai, uwa ta koya wa ɗiya.

Wata shawara a nan da na ɗauka da nauyi: kada ka sa aya ko sunan Allah cikin yadda ake haɗa ƙwaryar, kada kuma ka kwaikwayi rubutun sha. Masu karatunmu ba za su yafe maka ba, kuma suna da gaskiya. Duniyar tatsuniya ce, inda Gizo ke magana da Ƙoƙi, ba wanda ya taɓa cewa mai ba da tatsuniya ya yi saɓo. Ka tsaya a can.

Mataki na uku: tsara yadda ake zubi, filla-filla

Nan ne wurin da ya kamata ka ɓata lokaci, don mai karatu yana yarda da abin da ya ga an sha wahala a kansa. Ga yadda ake yi a nawa labarin.

Da farko a nemo ruwa, kuma ba kowane ruwa ba. Sai na wurin da mai abin tunawar ya sha a kwanakin da abin ya faru. In a bakin tafkin Tabalak ne, sai an je Tabalak, tafiyar kilomita wajen 50 daga Tawa, kuma a duniyar labarina ba mota, sai jaki ko raƙumi. In rijiyar ta ƙafe ko ta rufta, shi ke nan, wannan abin tunawa ba zai taɓa zubuwa ba. Ka ga da wannan ƙa'ida guda na samu dalilin tafiya, na samu kuma dalilin da zai sa mugu ya cike rijiya da dare.

Na biyu, a nemo ƙamshin ranar. Wannan ban ƙago shi ba, kowa ya san shi a jikinsa: ba abin da ke maido da mutum baya da sauri irin ƙamshi. Warin albasa a rumfar ajiya a Galmi, hayaƙin karan dawa da safiyar hunturu, ƙamshin ƙasa ranar ruwan farko, turaren wutar da wata ke sawa wadda yanzu ba ta duniya. Mai zubi takan tambayi wanda ya zo, "Me hancinka ya ji a ranar?" In ya kasa amsawa sai ta ce ya koma gida, bai shirya ba.

Na uku, zama. Tsakanin magariba da isha'i, a kan tabarma, ƙwaryar bisa gammo don kada ta taɓa ƙasa. A sa abin ƙamshin kusa da hancinsa. Daga nan ba magana. Na hana magana da gangan, saboda da zarar mutum ya buɗe baki ya fara ba da labari, ya fara gyara shi ke nan, yana rage inda ya ji kunya yana ƙara inda ya yi bajinta. Sai dai ya sunkuya ya hura numfashi a kan ruwan sau uku. In ya kama, ruwan zai rine ya yi shuɗi kamar na karofi. In bai kama ba, ruwa na nan fari, an yi asarar tafiya.

Na huɗu, rufi. A ɗora faifai, a liƙe bakin da ƙaro, sannan mai zubi ta ƙona wata alama a bayan ƙwaryar da wuƙa mai zafi, wadda ita da mai abin kaɗai suka san ma'anarta. A jikin kaset akwai wani ɗan kunne da ake karyewa don kada wani ya ɗauki waƙa a kan muryar da ke ciki. Mu ba mu san da shi ba sai da wani yayana ya shafe rabin gaisuwar kawu da kiɗan biki, ya sha dukan da har yau ake ba da labarinsa. Liƙin ƙaro shi ne wannan kunnen.

Mataki na huɗu: tsara yadda ake buɗi

Kada ka bari gani ya zama iri ɗaya ga kowa. Na yi hawa uku. Wanda ya tsoma yatsa ya shafa a fatar idonsa zai gani, amma ba zai ji sauti ba. Wanda ya ɗiga a kunne zai ji muryoyi cikin duhu. Wanda ya kurɓa kuwa ya shiga gaba ɗaya: yunwar mai abin ta zama tasa, tsoronsa ya zama nasa, in ƙaya ta soki mai abin a ranar, shi ma sai ya ɗaga ƙafa. Mafi yawan mutanen labarina ba sa wuce shafawa, kuma in ka ga wani ya kai ƙwarya baki, to ka san abin ya kai inda ya kai.

Ƙa'idoji uku ke tafiya da buɗi. Ba a tsayar da shi, ba a tsallake wani wuri, sai ka bi shi daga farko har ƙarshe ko da abin da ke ciki ya fi ƙarfinka. Mai kallo kuma jikinsa na nan zaune kamar gawa, don haka dole ya samu amintaccen da zai tsare shi, wanda hakan kaɗai ya isa ya haifar da cin amana. Sannan kowane buɗi yana rage ruwan. Ƙwarya ba ta wuce buɗi bakwai, kuma in aka bar ta ba rufi da bazara, irin zafin watan Afrilu na Adar, kafin la'asar ta ƙafe da duk abin da ke cikinta.

Mataki na biyar: sa mata farashi mai ciwo

In ka tsallake wannan, duk wahalar da ka sha a baya ta tashi a banza. Abin al'ajabin da ba ya cin komai ba ya haifar da labari, sai dai ya kashe shi, don duk matsalar da ta taso sai a ruga a buɗe ƙwarya.

Farashin da na sa shi ne: wanda ya zuba ya rasa. Abin ya fita daga kansa ya koma ruwa. Zai san cewa akwai wani abu a wurin da, kamar yadda harshe ke komawa gurbin haƙorin da aka cire, amma ba zai san ko mene ne ba. In yana son ya sake gani, sai ya buɗe kamar kowa, ya ci ɗaya daga cikin bakwai ɗin.

Dubi abin da wannan ya haifar. Masu zuwa wurin mai zubi sun kasu biyu, kuma ba su yi kama ba ko kaɗan. Akwai tsohon da ya ga ƙarfi ya ƙare, yana so ya bar wa jikoki ranar da ya fi so a rayuwarsa, ya kuma san cewa in ya ba su, shi zai ƙarasa kwanakinsa babu ita. Akwai kuma wadda ta zo ba don ta ajiye ba, sai don ta rabu. Mu da muka tashi muna jin iyayenmu na maganar farin 1973 da yunwar 1984 da muryar ƙasa-ƙasa mun san akwai abin da mutum zai so a cire masa daga kai. To amma ƙwarya yini take ɗauka, ba ta tsince tsakuwa daga shinkafa. Uwar da ta zuba ranar da ɗanta ya rasu, ta zuba har da murmushin ƙarshe da ya yi mata da safiyar ranar. Na shafe mako biyu a kan wannan babi, ina rubutawa ina yagewa, don na kasa yanke ko in bar ta ta zuba ko in sa ta tashi ta fita da kayanta. Da na ga ni kaina na kasa yankewa, sai na san farashin ya yi daidai.

Mai kurɓa ma yana biya. Wani abu yakan maƙale masa. Bahaushen da ya sha na Buzu ya wayi gari yana marmarin nonon raƙumi, ko kalmar da bai taɓa koya ba ta suɓuce masa a kasuwa. Wanda ya sha da yawa, a ƙarshe ba ya iya rantsuwa a kan wace yarinta ce tasa.

Mataki na shida: hana ta faɗin gaskiya

Wannan shi ne abin da ya raba ƙwaryar da kaset, kuma shi na fi so matasanmu su riƙe. Kaset abin da ya shiga shi yake maidowa. Zuciyar mutum ba haka take ba. Duk lokacin da ka tuna abu sai ka ɗan taɓa shi, kamar zanen da ake yawan wankewa, launin na canjawa ba ka sani ba. Ƙwarya ba abin da ya faru take ɗauka ba, abin da mutumin ya riƙe take ɗauka.

In kana shakka, je ka zauna da tsofaffin da suka kalli kokowa. A nan Tawa aka fara gasar kokowa ta ƙasa, wadda ake ba zakaranta takobi, a 1975, kuma har gobe garin na kokowa ne. Tambayi mutum biyu da suka tsaya kafaɗa da kafaɗa a fili game da kaye guda. Ɗaya zai ce gwiwa ta taɓa ƙasa, ɗaya ya ce ƙarya ne, ƙura ce ta tashi. Ba wanda ke yin ƙarya a cikinsu. Da za a ba su ƙwarya, a ta ɗaya za ka ga gwiwar a ƙasa ƙuru-ƙuru, a ta ɗayan ka gan ta a sama.

Yanzu kai wannan gaban alƙali. Ƴan'uwa biyu na rigimar iyakar gona, kowanne ya kawo ƙwaryar da ubansa ya bari, ta ranar da aka yi rabo. A ta wannan, kakansu ya nuna gindin aduwa. A ta wancan, ya nuna gidan tururuwar da ke gaba da ita da taki ashirin. Jama'ar gari sun yarda cewa gani ya kori ji, ga shi kuwa an gani, an ga abu biyu. Alƙalin da ya gane cewa ƙwarya shaida ce kamar kowace shaida, ana iya tuhumarta, shi ne mutum mafi haɗari a garin, don ya taɓa abincin masu zubi. Rabin littafina daga nan ya fito.

Mataki na bakwai: tambayi wa ta amfana, wa ta cuta

Abu irin wannan ba zai shigo gari ya bar shi yadda ya same shi ba. Sarki zai so rumbun ƙore a fada, zai kuma so wasu su ɓace. Maroƙa, da aka ce tuna baya shi ne roƙo, za su ga an zo raba su da sana'a. Kishiya za ta so leƙa ta kishiya. Wani zai sayar da ranar aurensa da bazara don ya sayi hatsi, wani mai kuɗi ya saya ya sha don nishaɗi. Zaɓi biyu cikin waɗannan ka bi su, kada ka kwaso duka.

In kuwa za ka taɓa tarihi na gaske, taka a hankali. Kisan da rundunar Faransa ta yi a Birnin Ƙonni a 1899, da tsayuwar Sarauniya Mangu gaban rundunar a Lugu a shekarar, abubuwa ne da jikokin waɗanda suka gani ke raye. Kada ka buɗe ƙwarya ka sa wa mutanen gaske maganar da ba su faɗa ba. Ƙago garinka da sarkinka. In kana son jin yadda tsofaffi ke ba da irin wannan labari, a Yamai akwai cibiyar CELHTO da ke tattara tarihin baka tun 1968, ga kuma tsofaffin unguwarku da ba sa buƙatar kuɗin mota.

Mataki na takwas: fasa ta

Kafin labari ya ƙare, ƙwarya ɗaya aƙalla sai ta faɗi. In tsagewa ta yi, a kai wa gyartai ya ɗinke, amma daidai ɗinkin abin tunawar zai riƙa tsalle, fuska ta ɓace, magana ta yanke a tsakiya. In ta tarwatse, sakainar na riƙe da ɗan ƙamshi kawai. In kuma aka haɗa ruwan ƙwarya biyu, sai a samu ranar da ba ta taɓa faruwa ba, kuma ba mai iya ganewa sai mai zubi. Mugun labarina ba takobi gare shi ba, ludayi gare shi.

Mataki na tara: rubuta ƙa'idojin, sannan ka gwada su

Samu kaye guda, wato littafin rubutu, ka rubuta ƙa'idojinka a shafin farko, kada su wuce goma. Duk lokacin da labari ya cije maka, za ka ji sha'awar karya ɗaya don ka kuɓutar da jaruminka. Kada ka yi. Masu karatu suna ƙirga buɗi, in ka ce bakwai ka yi takwas sai sun aiko maka da saƙo.

Daga nan rubuta fage ɗaya gajere, mutum biyu da ƙwarya, ka karanta wa yaran gida da dare. In suka tambaye ka abin da ya faru bayan nan, ka ci gaba. Ga wanda na gwada da shi:

Yarinyar ta sami kakarta zaune da ƙoƙo a cinya, liƙin ƙaron duk ya tsufa ya yi baƙi.

"Kaka, na wa ne wannan?"

"Nawa ne, ɗiyata. An ce ranar da na fara ganin kakanki ce a ciki, a bakin rijiya."

"An ce? Ke ba ki sani ba?"

"Na zuba ta shekarar da ya tafi bida, don in aika masa ya riƙa gani. Kafin ɗan saƙo ya tashi, sai labarin rasuwarsa ya zo."

"To ki buɗe mana."

Tsohuwar ta girgiza ƙoƙon a hankali kusa da kunnenta. Ruwan da ya rage bai fi cikin ludayi ba.

"Sau shida na buɗe. Saura ɗaya."

"Yaushe za ki buɗe shi?"

"Tashi ki duba mini tukunya, kada ta ƙone."